Makarantar da ke Sarrafa Lokaci da Wuta: Ku Bar Yaro Ya Ƙaga, Amma Ya Biya Kuɗin Itace

A wani zama na masu sha'awar rubutu, wani matashi ya karanta mana tsarin labarin da yake son rubutawa. Makaranta ce da babu ita a duniya, inda ake koya wa ɗalibai sarrafa lokaci da wuta. Ɗalibi ya kunna kyandir, duk inda haskensa ya kai sai lokaci ya riƙa jan ƙafa. Ya hura garwashi, yini ya wuce kafin a ƙifta ido. Manyan malaman makarantar kuwa har jiya suke iya dawowa da ita.

Bai kai ƙarshe ba aka yi masa caa. Wani ya ce shirme ne. Wani ya ce me ya haɗa wuta da lokaci, ai da ruwa ya ce ko yashi. Wata baiwar Allah ta ce wannan sihiri ne, kuma sihiri ba a wasa da shi ko a kan takarda.

Abin ya ba ni haushi, don haka bari in faɗi matsayina tun yanzu. Ina bayan yaron. Labarin ya cancanci a rubuta shi, kuma cikin duk abubuwan da mutum zai iya haɗawa da lokaci, babu wanda ya dace kamar wuta. Sai dai ina da ƙorafi guda a kansa, wanda babu wanda ya ɗaga a zaman: maganar dawo da jiya. Wannan ce za ta kashe masa labari, ba masu sukar ba.

"Ai shirme ne"

Mai wannan magana yana nufin abin ba zai yiwu ba. Haka ne, kuma marubucin ya riga shi sani. Babu wanda ya taɓa jin tatsuniyar da kura ke magana, ya tashi ya ce sai an kawo kurar ta yi magana a gabansa.

Abin da ake nema a irin wannan labari shi ne, in an yarda maka da ƙarya ɗaya a farko, ka bi ta da gaskiya har ƙarshe. Kuma da yake yaron makaranta ya zaɓa, ya ɗaure kansa da kansa. Makaranta tana da manhaja, tana da jarrabawa, tana da abin da ɗan aji ɗaya bai isa ya taɓa ba. Dole ya zauna ya amsa: me ake fara koyarwa, me ya sa wani ke faɗuwa, wa ke hukunta wanda ya karya doka. Wanda ya iya tsara wannan ba tare da ya yi tufka da warwara ba, ya yi aikin ƙwaƙwalwa na sosai.

"Me ya haɗa wuta da lokaci?"

Wannan sukar ce ta fi ba ni mamaki, domin mutane sun yi ɗaruruwan shekaru suna auna lokaci da wuta kafin agogon hannu ya zo.

Sarki Alfred na Ingila, wanda ya yi mulki daga 871 zuwa 899, ya sa an yi masa kyandirori shida, kowanne tsawon inci 12, an zana masa layi a kan kowane inci. Su shidan suna cinye dare da yini cif. Ke nan kowane kyandir awa huɗu, kowane inci minti 20. Da ya ga iskar da ke shigowa ta kafofin gini tana sa su saurin ƙarewa, sai ya sa aka yi musu gida da katako da ƙahon sa da aka kankare har haske na ratsa shi.

A ƙasar Sin, tun zamanin daular Song (960 zuwa 1279), turaren wuta suke yi wa wannan aiki. Akwai wanda ake zuba garinsa a cikin wata siririyar hanya mai lanƙwashe-lanƙwashe, wuta ta riƙa binta a hankali. Akwai kuma wanda ake kwantar da tsinken turare a cikin wani dogon mazubi, a ratayo zarurruka a kansa, kowane zare da ƙananan ƙwallayen ƙarfe. Wuta na isowa kan zare sai ta tsinke shi, ƙwallayen su faɗa kan faranti, ƙau! Mai barci ya farka. Wasu ma sukan canza ƙamshin turaren daga zango zuwa zango, ta yadda mutum zai san lokaci da hancinsa.

Sai Al-Jazari, injiniyan da ya yi aiki a fadar sarakunan garin Diyarbakir, a Turkiyya ta yau. A littafin da ya kammala a 1206 ya bayyana agogon kyandir da ya ƙera: wani nauyi yana tura kyandir sama yayin da yake cinyewa, duk awa ƙwallo ta faɗo daga bakin shaho na ƙarfe, wani mutum-mutumi mai takobi ya sare ƙonannen lagwanin.

Har gwanjo an yi da wuta. A Ingila ta ƙarni na 17 akan kunna guntun kyandir a fara tayi, wanda ya yi tayin ƙarshe kafin wutar ta mutu shi ya saya. Samuel Pepys, ma'aikacin rundunar ruwa, ya ga an sayar da tsofaffin jiragen ruwa a haka a 1662. Ya ba da labarin wani ɗan kasuwa da kullum shi ke yin nasara, saboda ya lura hayaƙin yakan yi ƙasa daidai lokacin da wutar za ta mutu, sai ya ɗaga murya a nan. In wannan mutumin bai dace da zama malami a makarantar yaron nan ba, wa ya dace?

To, wani zai ce wannan aunawa ce, kuma ruwa da yashi ma sun auna. Gaskiya ne. Amma ga inda wuta ta fi su. Agogon yashi in ya ƙare, kifa shi za ka yi ya sake farawa da yashin ɗazu. Agogon ruwa sake cika shi za ka yi, ko da ruwan da ya zuba ne. Kyandir in ya ƙare, ya ƙare. A cikin su uku, shi kaɗai ne ke yin abin da lokaci ke yi.

Ka zauna ka kalli kyandir da kyau. Zafi yana narkar da kakin da ke gindin lagwani, ya zama ɗan tafki. Lagwanin ya zuƙe shi sama, ya zama tururi, tururin ne ke kamawa. Shi ya sa in ka hure shi, ka yi maza ka kai ashana kan farin hayaƙin da ke tashi, wutar za ta bi hayaƙin ta koma kan lagwani. Kakin bai ɓace ba, ya haɗu da iskar oksijin ya zama tururin ruwa da iskar kabon, ya bazu a ɗakin. Komai na nan. Amma je ka tattaro shi ka mayar kyandir mu gani.

Wani babban reshe na kimiyya, wato nazarin zafi, shi ya bayyana dalilin da ya sa hakan ba ya yiwuwa. Sadi Carnot, wani injiniya Bafaranshe, ya rubuta ɗan littafi a 1824 kan ƙarfin da wuta ke ba injuna. Daga can Rudolf Clausius na Jamus ya ɗora, ya nuna zafi ba ya tashi da kansa daga abu mai sanyi zuwa mai zafi, kuma a 1865 ya sa wa ma'aunin wannan warwatsewa suna enturofi. Yawancin dokokin motsi ba su damu da gaba ko baya ba. Ɗauki bidiyon ƙwallo tana lilo a jikin igiya, ka kunna shi ta baya, da wuya wani ya gane. Ɗauki bidiyon takarda tana ci da wuta ka juya shi, toka tana haɗuwa tana zama fari fat, ƙaramin yaro ma zai ce ƙarya ne. Arthur Eddington na Ingila ya kira wannan abu kibiyar lokaci a ƙarshen shekarun 1920. Masana kimiyya ta hanyar nazarin zafi suka fara gane abin da ya bambanta jiya da gobe.

Mu kanmu ci muke yi kamar wuta. A farkon shekarun 1780 Antoine Lavoisier da Pierre-Simon Laplace suka saka wata 'yar dabba mai kama da ɓera a cikin mazubin da ƙanƙara ta kewaye, suka auna ƙanƙarar da ɗumin jikinta ya narkar, suka kwatanta da na gawayin da ke ci. Sakamakon: numfashi ƙonewa ce mai tafiya a hankali.

Zancen hanzarta lokaci da zafi ma ba yaron ya fara ba. Svante Arrhenius na Suwidin ya fitar da lissafinsa a 1889, kuma a sauye-sauyen sinadarai da yawa, ƙarin digiri 10 kan ninka saurinsu kusan sau biyu. Kamfanonin magani da wannan suke aiki: sukan ajiye sabon magani a zafin digiri 40 har wata shida don su hango yadda zai tsufa a shago. Firjin da ke gidan kowa kuma akasin haka yake yi wa madara.

Akwai ma wanda ya fi wannan daɗi. Wuta tana ajiye lokaci. Da aka ƙone birnin Ninawa, kusa da Mosul ta Iraƙi, a shekara ta 612 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), gobarar ta gasa allunan yumɓun ɗakin karatun Sarki Ashurbanipal, ta ƙara musu ƙwari. Yau akwai alluna da gutsattsari fiye da 30,000 daga can a gidan tarihi na Landan. Dutsen ƙyastu kuwa yana tara wani ƙarfi kaɗan-kaɗan daga ma'adinan ƙasar da yake kwance a ciki. In ya shiga wuta mai zafi sai ya zubar da duk abin da ya tara, ya fara daga sifili. Masu bincike sukan sake gasa shi a ɗakin gwaji, ya fitar da ɗan haske, yawan hasken ya gaya musu yaushe rabonsa da wuta. Da wannan dabara aka auna duwatsun Jebel Irhoud a Maroko, aka sanar a 2017 cewa rabonsu da wuta ya kai kimanin shekara 300,000.

Bayan duk wannan, a ce wa yaro da ruwa ya zaɓa?

"Sihiri ne, ba a wasa da shi"

Wannan ba zan yi mata dariya ba, domin mai maganar daga tsoron Allah ta yi ta. Sihiri haramun ne, babu ja. Aya ta 102 a Suratul Baƙara ta ambaci masu koyon abin da ke cutar da su ba ya amfanarsu, kuma hadisi ya lissafa shi cikin abubuwa bakwai masu halakarwa. Ga shi kuma an haɗa da wuta, wadda daga ita aka halicci aljanu, kuma akwai al'ummomin da suka girmama ta a ibadarsu. Lokaci kuwa a hannun Allah yake. Shi ya kwantar da Ashabul Kahfi shekara 309. Shi ya kashe wani bawa shekara 100 sannan ya tashe shi, abincinsa bai lalace ba alhali jakinsa ya zama ƙasusuwa. Duk wanda ya ji ɗar da labarin da ke ba ɗalibai wannan iko, yana da hujja.

Amma ba da labarin abu daban, aikata shi daban. Littattafai cike suke da ɓarayi da masu kisan kai, ba a ce marubucin ya yi sata ba. Wanda ya karanta cewa wata yarinya ta kunna fitila lokaci ya tsaya, ko ya kwana yana kunna fitila babu abin da zai tsaya, kuma ya sani. Bai koyi komai da zai kai wa boka ba.

Inda zan tsaya tare da ita shi ne iyaka. In marubuci ya kwaso ɗalasiman gaske ya zuba a littafi, ko ya sa ɗalibai kiran aljanu da sunayensu, ko yi wa wuta sujada, to ya fita daga ƙirƙira ya shiga wani abu. Yaron nan bai yi ko ɗaya ba. Ɗalibansa ƙa'ida suke koyo kamar masu koyon ƙira. Uban da duk da haka ya ce ba a gidansa ba, haƙƙinsa ne. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a rufe wa mai rubutu baki kafin a ji me ya rubuta.

Wuri ɗaya ne damuwarta ta haɗu da tawa, kuma shi ne ƙorafina.

Jiya ba ta dawowa, ko a labari

A tsarin yaron, babban malami na iya mayar da lokaci baya ya gyara ɓarna, har ya ceto wanda ya mutu. A nan na rabu da shi. Alƙur'ani ya ba da labarin mai roƙon a mayar da shi duniya ya gyara aikinsa, aka ce masa a'a. Ko ka ajiye wannan gefe ka dubi sana'ar rubutu kawai, amsar ɗaya ce.

In jarumi ya mutu a babi na biyar aka dawo da shi a na shida, mai karatu ba zai sake jin tsoro ba har littafin ya ƙare. Duk kuskuren da aka yi, zai ce a kira malam ya gyara. Da-na-sani ƙeya ce, a baya take, kuma rabin daɗin labari daga nan yake fitowa. Sannan ya saɓa wa wutar da shi da kansa ya zaɓa. Ya ɗauko abu ɗaya tilo da kowa ya san ba ya komawa baya, ya ce da shi za a koma baya.

Ƙorafin yana da ƙani: a tsarinsa sihirin kyauta ne. Ɗalibi ya kunna, ya yi abin da ya ga dama, ya kashe, ya tafi cin abinci. Wace wuta ce ba ta cin komai? Da ni ne mai ginin makarantar, tambayar farko da zan amsa ita ce me wutar ke ci. Amsata kuwa: kwanakin mai kunna ta.

Dubi abin da wannan doka ɗaya za ta haifar. Ɗan aji ɗaya ba zai taɓa lokaci ba sam. Shekara guda zai yi yana gyara lagwani, yana kwashe toka, yana koyon gane launin harshen wuta, domin kuskure a nan ba a goge shi. Malaman da suka fi ƙwarewa za ka same su 'yan shekara talatin da furfura da rawar hannu. Wanda ka gani da ƙuruciyarsa a kujerar shugabanci, sai ka tambayi kanka kwanakin wa yake ƙonawa.

Ga ranar jarrabawa. An ajiye wa ɗaliba kofin gilas a bakin teburi, malami ya ture shi. Aikinta ta rage gudun lokaci ta cafke shi kafin ya taɓa ƙasa. Ta ƙyasta, harshen wutar ya miƙe tsaye ya daina rawa, kofin ya riƙa saukowa a hankali, ruwan cikinsa ya fito ya tsaya a iska. Ta cafke. Amma ba a nan makin yake ba. Malami zai ɗauki fitilarta ya duba man da ya ragu. Wadda ta kashe kwana uku na rayuwarta a kan kofi ta faɗi, ko da ta cafke. Wani ɗalibin zai naɗe hannu ya bar kofin ya fashe, ya ce bai kai ba. Malamai su yi ta gardama a ofis ko ya ci ko ya faɗi.

Jiya fa? A bar su su karanta ta a cikin toka, kamar yadda masu binciken nan ke karanta dutsen ƙyastu. Su ga wanda ya yi laifi, su ji abin da mamaci ya faɗa a daren ƙarshe, amma hannunsu ba ya kaiwa. Wannan ya fi ciwo, kuma ya fi riƙe mai karatu.

(Abu ɗaya da na tabbata: a makarantar nan babu ɗalibin da zai ce wa malami ya makara.)

Wani zai ce na mayar da labarin yara gidan makoki, wa zai karanta? Ban ga haka ba. Yara sun fi manya son doka a wasa, kuma su ne farkon masu ihu in an yi maguɗi. Abin da ke gundurar su shi ne jarumin da ba abin da ke samunsa. Kuma farashin nan shi ke buɗe ƙofofin da kyauta ba ta buɗewa.

Da zarar an ce kwanaki ne man fitila, wani zai tambaya ko ana sayar da su. Ɗan mai kuɗi zai zo da fitila cike da kwanakin bawan gidansu. Za a sami 'yan kasuwa a bayan katangar makaranta suna sayen mako guda a hannun mai jin yunwa. Wanda ya ƙona rumbunsa ya san inda toka ke tsada, amma wanda ke ƙona rumbun wani ba ruwansa da lissafi. Majalisar makaranta za ta rabu biyu: masu cewa ciniki ne da yardar juna, da masu cewa yardar mai yunwa ba yarda ba ce. Hayaƙin ma dole ya je wani wuri. Ƙauyen da iska ke kai masa shi, amfanin gonarsu na nuna kafin lokaci ya ruɓe a tsaye, 'ya'yansu na fitar da haƙora a wata biyu, kuma ba wanda ya tambaye su kafin a gina makarantar.

Sashen likitanci kaɗai ya isa littafi guda. An kawo mutum da karaya, ɗalibi na iya hanzarta lokacin ƙafar ta ɗinke a dare ɗaya, amma ƙafar za ta girmi ɗaya ƙafar da wata biyu. Wannan mai sauƙi ne. An kawo yaro da ciwon da maganinsa ke garin da sai an yi tafiyar kwana goma, kuma ba zai kai kwana uku ba. Ana iya rage masa gudun lokaci har a dawo, in an sami mai biyan kwanakin. Uwar ta ce a ɗiba daga nata. Dokar makaranta ta hana ɗibar fiye da shekara guda daga mutum ɗaya, lissafi kuma ya nuna ana buƙatar uku. Ɗalibin da ke riƙe da fitilar ɗan aji biyu ne, malaminsa ya yi tafiya, kuma mai sayen kwanakin nan na bayan katanga ya riga ya aiko a gaya masa yana da kaya a ƙasa.